Munshari da ɗaukewar numfashi cikin barci: wa ya taɓa fama da shi?

Uwargida daga Gwammaja:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Munsharin maigidana na saba da shi, amma yanzu abin ya sauya. Sai munsharin ya tsaya cak, ƙirjinsa yana motsi amma babu iskar da ke fita, can sai ya zabura ya ja numfashi kamar wanda aka shaƙe. Da safe ya ce shi bai san an yi ba. Surukata ta ce dannau ne. Ga kuma hawan jini da ya ƙi sauka duk da magani. Don Allah wanda ya sani ya taimaka.

Direban Kano zuwa Kaduna:
Wa alaikumus salam Hajiya. Ba dannau ba ne, shi dannau kana farke za ka ji ka kasa motsi. Wannan harshe da naman maƙogwaro ne suke saki idan barci ya yi nisa, su toshe hanyar iska. Iskar oksijin da ke cikin jini ta yi ƙasa, ƙwaƙwalwa ta tashe ka na ɗan lokaci, ka koma, haka har asuba. Ni gyangyaɗi a kan sitiyari ne ya kai ni asibiti, goro da shayi duk sun kasa. Aka yi min gwajin barci, na kwana da abu maƙale a yatsa, bel a ƙirji, ɗan bututu a hanci. Duk tsayawar numfashi da ta kai daƙiƙa 10 ana ƙirga ta. Sau 5 zuwa 14 a awa mai sauƙi ne, 15 zuwa 29 matsakaici, 30 zuwa sama mai tsanani. Nawa ya haura 30. Ki tambaye shi ko yana tashi da ciwon kai da bushewar baki, ko yawan fitsarin dare.

Ɗan kasuwa a Kantin Kwari:
Ni da na'urar CPAP nake kwana. Mutane suna zaton iskar oksijin ce, a'a, iskar ɗaki ce take turawa ta takunkumin hanci don kar maƙogwaro ya rufe. Wani likita ɗan Ostareliya, Colin Sullivan, ya ƙirƙiro ta a 1980. Tana aiki wallahi, na daina barci a shago ana cikin ciniki. Amma gaskiya ɗaya ce, a Kanon nan matsalarta wuta. A ɗauke tsakar dare, ka farka kana fizge takunkumi. Sai da na haɗa ƙaramin sola da batir na samu lafiya. Da hunturu kuma matatar iskar kan yi jawur da ƙura, dole ka riƙa dubawa, ka zuba ruwa mai tsabta a ɗan tankinta don kar hanci ya bushe. Farkon fara sawa akwai takura, har shaida take bari a karan hanci. Kuma kar wanda ya sayi ta hannu ya hau amfani kai tsaye, likita ne ke saita ƙarfin iskar.

Malamar firamare daga Hotoro:
Har yara yana kamawa. Ɗana baki buɗe yake barci, ga munshari ga fitsarin kwance. Aka ce a kai wa wanzami ya cire beli, na ƙi. Likitan kunne, hanci da maƙogwaro ya duba ya ce tsokar da ke gefen maƙogwaro da ta bayan hanci ne suka yi girma. Aka cire su, yanzu shiru kake ji.

Ma'aikaciyar jinya:
Yaya, hawan jinin da ba ya jin magani alama ce babba, kuma barin abin haka yana ƙara haɗarin shanyewar ɓarin jiki da ciwon zuciya. Kar ya sha maganin barci, ƙara sakin maƙogwaron yake. Ya riƙa kwanciya a gefe maimakon rigingine, in akwai ƙiba a rage, in yana shan taba ya bari. Masu sauƙin ciwo akan yi musu abin sawa a baki da ke turo haɓa gaba. Ki ɗauke shi a waya yana barci, likita zai so ya gani.

Uwargida daga Gwammaja:
Na gode, Allah ya saka da alheri. Zan ɗauka yau da daddare, don shi har yanzu musu yake wai ba ya munshari. Alhaji na Kwari, batir ɗin naka yana kai ka asuba?