Ƙungiyar asirin da na ƙirƙira tana kama da ɗarika ko bori

Assalamu alaikum. Wata biyar ke nan ina rubuta ƙagaggen labari a kan wata ƙungiyar masu neman sirri, wadda na zaunar a cikin wani kogo a duwatsun Abzin, arewa da Agadas, inda mambobinta suke ƙoƙarin gano iyakar duniyar da ido ke gani da abin da ke bayan wannan iyaka. Matsalar ita ce duk wanda na ba babi uku na farko sai ya jingina ƙungiyar ga wani abu da ya riga ya sani.

Da farko na yi amfani da kalmomin muƙaddami, muridi, halwa da zawiya, domin su ne suka zo mini a baki, sai wani abokina ɗan Tijjaniyya ya ce habaici nake yi wa ɗarikarsu, alhali ko kusa ban nufi haka ba. Na cire su, na maye gurbinsu da "mai tsaron ƙofa" da "matafiyi". Wata mai karatu kuma ta ce wurin da suke fita daga hayyacinsu ana kaɗa garaya hawan bori ne ƙarara. Na cire garayar, na rage wannan wuri, yanzu taronsu ya zama kamar zaman kwamitin unguwa, babu kwarjini ko kaɗan.

Ta yaya zan tsara matakan shiga ƙungiyar da ladubbanta, yadda mai karatu Bahaushe zai ji girmanta ba tare da ya ɗauke ta ɗarika ko bori ba?