Wai akwai tarwada a teku?

Baban Hanif: Jama'a yau an cuce ni a Abuja. Na sayi kifin ƙanƙara, mai kifin ya rantse tarwadar teku ce daga Legas, ya ninka min kuɗi. Ina cikin gyarawa ƙayar bayanta ta soke ni a babban yatsa, har yanzu zugi yake. Tarwada a teku? Rainin wayo kawai.

Ɗan Yauri: Wutsiyar a rabe take ko a zagaye?

Baban Hanif: A rabe, kamar almakashi.

Ɗan Yauri: To ba tarwada ba ce. Tarwada wutsiyarta a zagaye take, kuma ba ta da ƙaya a gadon baya. Ka ce ɗan uwan kurungu.

Anti Malama: Mai kifin bai yi ƙarya ba. Akwai dangin da masana ke kira Ariidae, suna zama a gaɓar teku da inda kogi ke haɗuwa da ruwan gishiri, irin su Neja Delta. Ƙasan ruwa mai laka suke bi suna cin ƙaguwa, jatan lande, tsutsa da ƙananan kifaye. Ga gashin baki, ba ɓawo a jiki. Ƙayoyi uku ne, ɗaya a baya biyu a gefe, kuma da dafi.

Ɗan Yauri: Anti, duk mai gashin baki ya zama tarwada ke nan? To mage ma tarwada ce. Ni a cikin kwalekwale na tashi.

Na Kubwa: Kwalekwalen Yauri ya taɓa shiga teku ne? Kowa dai ya tsaya inda iliminsa ya tsaya.

Ɗan Yauri: Kai da ko dam ɗin Usuma ba ka iya shiga ba.

Anti Malama: Ku bari in ƙarasa. Namijin ne ke ɗaukar ƙwan a bakinsa, manya kamar gurjiya, ya yi makonni bai ci komai ba har su ƙyanƙyashe.

Maman Ilham: Maza kun ji? Wani ko goyon minti biyar ba ya iyawa.

Na Kubwa: Hajiya, mu ma muna hana cikinmu saboda kuɗin makaranta.

Baban Hanif: Ni fa yatsana da kuɗina nake magana!

Shugaban zaure: An rufe. Abin da aka tsayar: ba tarwada ba ce, kamar yadda ɗan uwana Ɗan Yauri ya bayyana, don masunci ya fi littafi sanin ruwa. Bayanin Anti ma mun gode. Baban Hanif, ka tsoma yatsan a ruwan zafi.