Me ya sa tsayin mutum ba ya bin lissafin Mendel?

Hadiza:
Assalamu alaikum, malamai. A darasin gado an koya mana gwajin da Gregor Mendel ya yi da wani nau'in wake, inda tsiro kan fito dogo ko gajere, babu tsaka-tsaki. Amma mu huɗu ne uwa ɗaya uba ɗaya, kuma idan muka jeru a jikin bango, ƙanena ya ɗara ni da kusan tafin hannu, yayata kuwa da ƙyar take kai kafaɗarsa. Me ya sa gadon bai raba mu gida biyu ba?

Malam Bashir:
Wa alaikumus salam, Malama Hadiza. Lissafin Mendel yana nan daram, kuma yana fitowa sarai a cutar sikila, wadda ƙwayar gado ɗaya ke haddasawa. Tsayi kuwa taron dangi ake yi masa. Tun a 1918 wani masanin lissafi da gado mai suna Ronald Fisher ya nuna cewa idan ƙwayoyin gado masu ɗimbin yawa suka haɗu a kan siffa ɗaya, wannan ta ƙara kaɗan, waccan ta rage kaɗan, to yawancin mutane za su taru a tsakiya, dogaye sosai da gajeru sosai su zama tsiraru. A 2022 mujallar Nature ta wallafa binciken da aka yi a kan mutum miliyan 5.4, wanda ya gano wurare 12,111 masu alaƙa da tsayi a cikin DNA, wato sinadarin da ke ɗauke da bayanan gado a jikinmu, kuma tasirin kowannensu ɗan ƙanƙani ne ƙwarai. Kowane ɗa yana karɓar rabin ƙwayoyin gadonsa daga uwa, rabi daga uba, amma rabin da ya faɗo wa ƙanenki ba shi ne ya faɗo wa yayarki ba.

Malama Rabi:
Ina so in ja hankali kan abin da ake yawan fahimta a karkace. Idan aka ce gado ke da alhakin kusan kashi 80 cikin 100, ana nufin bambancin tsayi tsakanin jama'a ne, ba a nufin jikin mutum ɗaya. Matan Koriya ta Kudu sun ƙaru da kimanin santimita 20 cikin ƙarni guda, alhali ƙwayoyin gadonsu ba su sauya haka ba. Abinci da lafiyar ƙuruciya ne suka inganta.

Malam Bashir:
Gaskiya ne, Malama. Akwai kuma abin da ke damuna a binciken da na ambata: wuraren nan sun bayyana kusan kashi 40 na bambancin tsayi a tsakanin masu asalin Turai, amma a sauran al'ummomi kashi 10 zuwa 20 kawai, domin yawancin waɗanda aka gwada Turawa ne. Saboda haka hasashen da aka gina a kansu ba ya yi wa ɗan Afirka daidai yadda yake yi wa Bature.