Sunana ya fito, amma har yau ba matirkil (lambar ma'aikacin gwamnati): wa ya taɓa shiga wannan hali?

Malama daga Illela: Assalamu alaikum malamai. Na gama ENI, makarantar horar da malamai, a Tahoua, na daɗe ina koyarwa a matsayin 'yar kwantiragi. Da aka fitar da jerin waɗanda za a ɗauka aikin gwamnati na dindindin, sunana na ciki, na ajiye dosiye. Ƙawayena sun samu matirkil, ni har yau pekil, ɗan kuɗin da ake biyan 'yan kwantiragi, nake karɓa. Wai ranar haihuwar da ke kan BEPC ɗina (takardar shaidar gama kwaleji) ta saɓa da ta takardar haihuwa. In kai ƙara ne?

Mushe daga Madaoua: Ƙanwata, ki fara gyara takardar. Ni suna ne ya riƙe ni, wata takarda Mahamadou, wata Mamadou. Kotun garinmu ta ba ni shaidar cewa mutum ɗaya ne, na haɗa da dosiye, aka wuce wurin.

Tsohon malami daga Konni: 'Yata, ki saurare ni da kyau, don ni ta ci ni. Bayan jarrabawar da aka yi wa malamai a 2017, ina cikin waɗanda aka soke wa kwantiragi. Muka yi ta sintiri, kullum "ku yi haƙuri, ana dubawa", duka da fatar baki. Da muka haɗa kuɗin mota muka isa Yamai, lauya ya buɗe jakar takardunmu, ya juya su ɗaya bayan ɗaya, ya ce ina wasiƙar kokenmu mai hatimi? Babu. Ashe kafin a je gaban alƙali sai an rubuta wa wanda ya sa hannu a hukuncin, ko na sama da shi, kuma abin yana da wa'adi. Namu ya riga ya wuce. Lokacin Conseil d'État, babbar kotun ƙararrakin da ake kai hukumomin gwamnati, ke sauraron irin wannan ƙara, tun 2023 kuma Cour d'État ce. Ki rubuta yau, ki yi kofi biyu, a buga miki hatimi da kwanan wata a kan naki. Wallahi har gobe abin na ci mini rai.

Daraktan lakwal daga Bouza: Gaskiya Baba ya faɗa. Kuma kada ki bar aji ba izini a rubuce, sai a ce kin gudu daga aiki. Na ga an yi wa wata haka, tana Yamai bin dosiye, yaranta na zaune cikin rumfar zana ba malami. Ki bi ta sandika, wato ƙungiyar malamai, SYNACEB ko SNEN, su kan haɗa irin waɗannan koke su kai tare.

Malama daga Illela: Na gode, Allah ya saka da alheri. Baba, wasiƙar ta hannun darakta zan bi da ita, ko ni zan kai da kaina?