Littafin yara: rubutu ake fara gamawa ko zane?

Mai Fensir: Assalamu alaikum. Ina da labari na yara 'yan shekara huɗu zuwa bakwai, kuma ni nake son zana hotunan da kaina. Wanne ake fara gamawa, rubutun ko zanen? Me kuma maɗaba'a za ta nema a hannuna?

Edita: Wa alaikumus salam, Malam. Ajiye kayan fenti tukuna. Littafin hotuna yawanci shafi 32 ne, domin a babbar takarda ake bugawa a naɗe ta, kowace ta ba da shafi 8 ko 16. Idan ka cire shafin take da na haƙƙin mallaka, abin da ke rage wa labari bai wuce buɗi 14 ba, wato shafi biyu masu kallon juna. Ka ninke takardar A4 guda 8 gida biyu, ga shafi 32 nan. Yayyanka labarin ka manna kowane yanki a gurbinsa, ka yi zanen fensir sama-sama. A nan za ka ga inda labarin ya yi kiɓa da inda ya rame.

Kalmomi kada su haura 500. Abin da hoto ya nuna, kada rubutu ya maimaita: in ka zana yarinya da jan kallabi, ba sai ka ce ja ne ba. Abin mamaki kuma a ɓoye shi sai an juya shafi, in ba haka ba idon yaro zai riga mai karatu. Kafin komai, zana jaruminka ta gaba, ta gefe, ta baya, yana dariya, yana kuka. Masu tsallake wannan su ne fuskar yaronsu ke sauyawa tsakanin shafi na 6 da na 20.

Na Injin Bugu: Ƙari a kan bayanin Edita. Hoto ya zama 300 dpi (ɗigo 300 a kowane inci, ma'aunin kyan fitar hoto) a ainihin girman da za a buga shi, tsarin launi kuma CMYK na injin bugu, ba RGB na allon kwamfuta ba. Zanen ya zarce gefen shafi da milimita 3 ta kowane ɓangare, saboda wuƙar yanka tana ɗan kaucewa, sai farin layi ya fito. Kada ka sa fuska ko rubutu a tsakiyar buɗi, ɗinki zai cinye su. Launin fata yana ƙara duhu a takarda, har ido da hanci su ɓace, don haka ka nemi gwajin bugu kafin a saki injin. Takardar ciki ta zama 130 zuwa 150 gsm (ma'aunin nauyin takarda), ta bango 300 da leda a kai.

Babbar matsalarmu ƙ, ɗ da ɓ. Yawancin salon haruffa masu ado ba su da su, sai kwamfuta ta aro daga wani salon ko ta sa akwati. Salon haruffan Andika na ƙungiyar nazarin harsuna ta SIL kyauta ne, don masu koyon karatu aka yi shi, kuma yana da su duka. Ka turo PDF da haruffan a ciki.

Malamar Aji Biyu: Ɗan'uwa, ka karanta wa yara da baki kafin ka kashe ko sisi. Inda suka fara mutsu-mutsu, nan ne za a rage. Ka sa jimlar da ke dawowa kamar waƙar cikin tatsuniya, ita suke kamawa.

Edita: Na manta batun kuɗi. Lambar ISBN, wato lambar shaidar littafi, a Najeriya daga Ɗakin Karatu na Ƙasa ake karɓa. Idan kamfani ne zai buga, a rubuta a yarjejeniya ko biya ɗaya ne ko kaso daga ciniki, da wanda ke da haƙƙin hotunan idan za a fassara littafin. Bugun launi da tsada, kuma kwafi kaɗan ya fi tsada a kan kowane ɗaya, shi ya sa ake fara jin ta bakin masu makarantu kafin a yanke adadi.