Neman shawara: na ƙara gem a PS Classic ɗin Yayana, yanzu ya daina karanta filas

Abban Sadik: Assalamu alaikum 'yan uwa. Don Allah masu ilimin gem ku agaza min, kaina ya kulle tun jiya.

Yayana da muke uwa ɗaya uba ɗaya yana aiki a ƙasar waje. Zuwansa na ƙarshe ya taho da ƙaramin PlayStation ɗin nan da Sony ta fitar a Disambar 2018, wato PlayStation Classic, mai gem 20 a cikinsa, da zai koma ya bar min shi ajiya. Sai kun san halin Yaya za ku gane tashin hankalina. Shi ya riƙe ni tun bayan rasuwar Baba, shi ya biya min makaranta har na gama, shi ya yi min lefe. Amma mutum ne mai tsananin adana kayansa, ko kwalin waya ba ya yarwa, wannan ma har ledar da aka naɗe fad ɗin, wato abin dannawa, tana nan a linke. Muna yara shi ne gwanin Winning Eleven a gidan gem na unguwarmu, ni aikina tsayuwa a bakin ƙofa ina leƙen ko Baba na tahowa daga masallaci. Najeriya yake ɗauka kullum, ya ba Tijani Babangida ƙwallo a gefe ya danne gudu, ba mai kamo shi. Ranar da ya kunna wannan ƙaramin ya duba, ga Tekken 3, ga Final Fantasy VII, ga Metal Gear Solid, ga Ridge Racer Type 4, amma ko gem ɗin ƙwallo ɗaya babu. Ya yi dariya ya ce waɗanda suka zaɓi gem ɗin nan ba su taɓa shiga gidan gem ba. Amma ni na ga bai ji daɗi ba.

To yanzu zai zo bikin ƙanwarmu, shi ne na ce bari in ba shi mamaki, in ƙara masa Winning Eleven a ciki. Na sayi filas 128GB, na bi wani bidiyo, da farko abu ya yi, har sabon shafi ya fito. Yanzu kuwa in na sa filas ɗin sai fitilar ta yi ta ƙifce, wani lokaci ya shiga tsofaffin gem 20 kamar ban sa komai ba, wani lokaci ya mutu gaba ɗaya. Na lalata ne? Kuma zai gane an taɓa?

Maman Ilham: Wa alaikumus salam. Allah ya kawo mafita. Ni dai in ya lalace ka gode wa Allah. Tun da maigidan ya shigo mana da gem gidan nan na rasa kan yarana, Islamiyya sai da bulala, shi ma uban gayyar sai ya kai sha biyun dare yana danne-danne, wai yana taya su ne.

Injiniya: Ɗan'uwa ka ba mu tarihin gidanku kaf, amma abin da ake bukata ba ka faɗa ba. Wace manhaja ka sa, AutoBleem ko Project Eris? Filas ɗin da wane tsari ka goge shi? Kuma ina kake ba na'urar wuta? Kafin ka amsa ma na san ciwon. Kafofin USB biyu na gaban na'urar nan Sony ta yi su ne don fad kawai, wutar da suke bayarwa an taƙaita ta, wajen 100mA ne. Manyan filas, musamman masu USB 3.0, sun fi ƙarfin wannan, sai su tashi su faɗi. Shi ne ƙifcen da kake gani. Ka nemi tsohon filas USB 2.0, 8GB ko 16GB, ka goge shi da FAT32, ka sa masa suna SONY da manyan baƙaƙe. Ka zare wayar wuta gaba ɗaya, ka sa filas a kafa ta biyu, ka mayar da wuta, ka jira fitila ta zama ruwan lemo, sannan ka kunna. In ka sa filas na'ura tana jone, ba za ta kula shi ba.

Sani Mai Shago: Ka tabbata ma na gaske ne? Ni an taɓa sayar min da wani a kasuwar waya, a kwali an rubuta gem 620, na zo gida na tarar gem ɗaya an maimaita shi da suna kala-kala. Na koma yaron ya ce in an buɗe ba a karɓa. Har yau in na wuce layin raina ɓaci yake.

Injiniya: Sani naka daban. Wancan kwaikwayon Nintendo ne, mai waya ja da ruwan ɗorawa. Na Sony HDMI ne da shi, kuma yana buga Tekken 3. Kada mu rikita shi.

Abban Sadik: Na gaske ne, Yaya ba ya sayen jabu. Sunan manhajar ban riƙe ba, mai bidiyon ne ya sa mahaɗi na sauke. Wuta kuma a bayan talabijin na jona, a kafar USB, kuma a nan yake tun da aka kawo shi bai taɓa ba da matsala ba. Filas ɗin sabo ne dal, a leda na saya, ba na jin daga shi ne. Na zaɓi babba ne don ba Winning Eleven kaɗai zan sa ba, akwai Crash Bandicoot da Mortal Kombat da Gran Turismo.

Injiniya: To ga ɓarawo na biyu. Na'urar nan 5V 1A take so, kuma Sony ba ta sa kan caja a kwalin ba, shi ya sa kowa ke cusa ta a bayan talabijin. Da yawan talabijin rabin haka suke bayarwa. Da fad kaɗai za ta lallaɓa, ka ƙara mata filas sai ta zube. Ka sa mata kan caja mai kyau. Batun sabo a leda kuwa, nawa ka saya? Filas ɗin da aka rubuta 128GB a jikinsa alhali cikinsa bai kai ko kusa ba sun cika kasuwa. Kwamfuta za ta nuna maka 128 ɗin, ka yi ta zuba kaya, in ya wuce ainihin cikinsa sai ya fara cinye na farko. Akwai 'yar manhaja H2testw, ka gwada shi da ita. Kuma ko na gaske ne, Windows da muka saba ba ya ba ka zaɓin FAT32 in filas ya wuce 32GB, exFAT ko NTFS zai ba ka. Gem ɗin PS1 faifan CD ne, faifai ɗaya bai cika wuce 700MB ba, me za ka yi da 128GB?

Malam Habu: Ni ba ta wuta zan yi magana ba. Abban Sadik, da bakinka ka ce ajiya aka ba ka. Ka nemi izininsa kafin ka taɓa? Niyyarka mai kyau ce, amma amana amana ce. Ka kira shi yau ka gaya masa, ya fi ya zo ya gani da idonsa ana tsakiyar hidimar biki. Sannan su gem ɗin da ake saukewa kyauta, ai suna da masu su, Konami mai Winning Eleven ba ta ce ta yafe ba.

Ɗan Gwale: Malam a yi mana sassauci. Faifan da muka buga a gidajen gem duk akwai na gaske ko ɗaya? Na gaske bayansa baƙi ne, namu duk fari ne fes, kuma kowane PS an sa masa cif don ya karanta faifan kwafi. Ni sai da na girma na san haka ma.

Malam Habu: Yawan masu yi ba ya mayar da abu daidai, Ɗan Gwale. Amma ni amanar ta fi damuna.

Abban Sadik: Malam na gode, amma ba wai sayarwa na yi ko na ba wani aro ba. Don shi na yi. In na kira shi ai mamakin ya tashi a banza. Kuma ban kwance ko noti ɗaya ba.

Baban Khalifa: Duk kun manta da babbar magana. Mu ƙaddara filas ya tashi. Yana kafa ta biyu, to ina za ka sa fad na biyu? Winning Eleven kai kaɗai da kwamfuta za ka ba Yayan naka? Dole ka nemi abin raba kafar USB ɗin nan, hob, mai cajarsa daban, ka sa filas da fad a jikinsa. Ni haka na yi da AutoBleem, komai a filas yake zaune, in na zare shi na'urar ta koma yadda Sony ta yi ta. Tunda kayan ba naka ba ne, kada ka wuce nan.

Injiniya: Hob wahala ce Baban Khalifa, wayoyi ko'ina, kuma wasu masu arha suna koro wuta baya cikin na'ura. Hanya ɗaya ce mai tsafta. Ya sa Project Eris, wanda ya gaji BleemSync, ya bar shi ya gyara kanel, wato tushen manhajar da ke cikin na'urar kanta. Daga nan sai ya sayi 'yar wayar OTG ya jona filas a baya, inda wuta ke shiga. Kafofin gaba biyu sun zama na fad, matsalar 100mA ta ƙare, kuma exFAT da NTFS duk zai karanta. Na yi wa mutane da yawa, ko ɗaya bai dawo ba.

Baban Khalifa: A ƙasar da ake ɗauke wuta ba sallama za ka ce mutum ya yi rubutu a kanel ɗin kayan wani? In ta ɗauke ana tsaka da yi fa? Garin neman gira a rasa ido.

Injiniya: Fawa bank me ya yi? Ya jona a fawa bank, minti kaɗan ne. Kuma kafin ya taɓa komai yana ajiye kwafin na asali a filas, sai ya kwashe ya adana a kwamfuta.

Abban Sadik: Tsaya Injiniya. Ranar farko na ga ya yi wani rubutu a allo, ya kashe kansa ya kunna, mai bidiyon ya ce a bari kada a taɓa. Wannan ne kanel ɗin? Don da ya fara ƙifce na sake goge filas ɗin in fara daga farko. Kowa a matsayina haka zai yi, ba wanda ya ce akwai abin adanawa a ciki.

Injiniya: Innalillahi. In Eris ne, kwafin da ka goge shi ne hanyarka ta komawa. Amma kada ka firgita, tunda yana shiga gem 20 ɗin ba tare da filas ba, na'urar lafiya take. Kada ka ƙara zuba komai a filas ɗin, wataƙila manhajar dawo da fayil ta tsamo su. Ka duba tarihin burauzarka ka gaya min sunan abin da ka sauke.

Baban Khalifa: Ka ga irinta ko. Ni dai shawarata ka zare filas, ka mayar da shi kwalinsa, ka yi shiru.

Malam Habu: Ya yi shiru kuma? Baban Khalifa haba.

Ɗan Gwale: Ni wallahi ban ga abin wahala a kan akwatin nan ba. Dala 99.99 aka fito da shi, ba a yi wata ba shaguna suka karya shi zuwa wajen 60. Fad ɗin ba shi da analog. Gem 9 cikin 20 nau'in Turai ne mai 50Hz, har da Tekken 3, shi ya sa yake jan ƙafa in ka saba da na Amurka. Ka nemi PS2 na hannu a sa maka Free McBoot, manhajar da ke buɗe shi, ka huta, ko ka sa DuckStation mai buga gem ɗin PS1 a wayarka.

Injiniya: Cikinsa ba laifi, MediaTek ne da RAM 1GB, kuma manhajar PCSX ReARMed yake amfani da ita wajen buga gem ɗin. Saitin Sony ne bai yi ba. Shi ya sa nake cewa a gyara shi yadda ya kamata.

Abban Sadik: Ba PS2 Yaya ya bar min ba, wannan ya bar min. Kuma akwai inda ya tsaya a Final Fantasy VII, ya ce in ya dawo zai ci gaba, shi ne ban ma faɗa ba. Na buɗe ɗazu na ga memori kad ɗin da abu a ciki, amma ban san ko nasa ne ko na Sadik ba, don yaron ma yana shiga. Na karɓo hob a wurin maƙwabcina, mara caja ne amma ya ce yana masa aiki a kwamfuta. Zan gwada da filas ɗin nan dai tukuna, kuɗi na sa na saya. Kan caja kuma sai Maman Sadik ta gama cajin wayarta.

Injiniya: Hob mara caja zai ƙara raba 'yar wutar ce kawai. Kuma na ce kada ka taɓa filas ɗin. Har yanzu ba ka gaya min FAT32 ne ko exFAT ba, ba ka gaya min nawa ka saya ba.

Maman Ilham: In ka rasa yadda za ka yi, ka zo ka ɗauki na gidanmu ka ba Yayan naka, har da fad ɗin, ni zan biya maka kuɗin adaidaita.

Auwal: Salam, ku yi haƙuri na shigo a makare. Ni ƙaramin Super Nintendo ne da ni mai gem 21, na sa hakchi, manhajar ƙara masa gem, a kwamfuta, na danne Reset na kunna kamar yadda aka ce, amma kwamfutar ta ƙi ganinsa. Wayar cajin fitilata na yi amfani da ita, ko daga nan ne?