Neman kalma: me za mu kira littafin da masu jirgin ruwa na da suke bi a teku?

Mai Shirin Tarihi:
Assalamu alaikum. Jibi Alhamis da safe zan shiga ɗaukar shiri, kuma kalma ɗaya ta tsaya mini a maƙogwaro. Shirin a kan Ahmad bin Majid ne, mutumin Julfar, inda ake kira Ras al-Khaima yanzu, wanda ya rubuta Kitabul Fawa'id wajen 1490. Irin littafin da shi da magabatansa suke riƙewa a jirgi ana ce masa *rahmani*, wasu su ce *rahnamaj*. Asalinsa Farisanci ne: *rah* hanya, *nama* littafi. Ingilishi suna ce wa irinsa *rutter*, mutanen Fotugal *roteiro*. A ciki ake faɗa wa mai jirgi wane tauraro zai sa a gaba daga tasha kaza zuwa tasha kaza, tafiyar kwana nawa ce, ina duwatsu suke kwance a ƙarƙashin ruwa, da lokacin da iska take yarda a tashi daga Aden zuwa Indiya.

Na karanta wa mai haɗa mana sauti sakin layin farko, sai ya cire abin kunnensa ya ce, "Yaya, Rahmani kuma? Sunan Allah?" Haka mai sauraro zai ji. Kalmar ta fito sau 14 a rubutuna, don haka gajeriya nake nema.

Ɗan Fagge:
Taswirar teku. Magana ta ƙare.

Malamar Labarin Ƙasa:
Ba ta ƙare ba, ƙanena. Taswira zane ce, wannan kuwa magana ce, wani lokaci ma waƙa. Waƙar Hawiya da Ibn Majid ya yi a 1462 baiti ce fiye da dubu, don a haddace, kamar yadda almajiri yake haddace baitocin nahawu. Mai jirgi cikin dare, ruwa na dukansa, ba takarda zai buɗe ba, baiti zai janyo daga ka. Sannan idan kika ba wannan sunan taswira, ranar da kika zo kan Piri Reis, kwamandan jiragen ruwan Turkawa, wanda ya haɗa bayani da zane a Kitab-i Bahriye na 1521, me za ki kira zanen?

Bazazzagi:
Kundin matuƙa.

Malamar Labarin Ƙasa:
A baki karin sauti zai raba *matuƙa* masu tuƙi da *matuƙa* ta iyaka, amma a rubuce abu ɗaya ne. Kuma a rediyo duk wanda ya ji matuƙa, tasha zai tuna da 'yan kamasho. Zai ɗauka littafin dokokin hanya ne.

Tsohon Hedimasta:
'Ya'yana, kuna ta zagaye alhali kalmar tana cikin gidanku. A ayarin fatake da suke zuwa Gwanja sayo goro, madugu shi ne shugaba, uban dawaki yana taimaka masa, amma wanda yake gaba, wanda ya san inda rijiya take, inda ake ƙetare kogi, inda za a yada zango kafin rana ta faɗi, shi ne jagaba. Aikin da littafin nan yake yi wa jirgi ke nan, ba ragi ba ƙari. Ki ce jagaban ruwa. Ba Larabci, ba Turanci, ba Farisanci. Kakana ya yi fatauci, kuma na ji kalmar daga bakinsa tana da nauyi. Shekara 35 na yi ina koyarwa, ban taɓa ganin yaro ya manta kalmar da ta fito daga tsatsonsa ba.

Mai Shirin Tarihi:
Baba, Allah ya ƙara lafiya. Kwatancin ya shige ni, kuma zan sa shi a shirin ko da wace kalma aka tsayar. Damuwata biyu. Jagaba mutum ne, kuma a jirgin akwai mutumin da ya fi cancantar sunan, wato *mu'allim*, wanda yake karanta littafin. Idan littafin ya zama jagaba, shi kuma fa? Na biyu, yau a Najeriya in ka ce jagaba a iska, sarautar Jagaban Borgu da mai riƙe da ita mutane za su tuna. Layin waya zai cika da siyasa.

Tsohon Hedimasta:
Wato saboda 'yan siyasa sun ɗauki kalma, sai mu sallama musu ita? Gobe su ɗauki madugu, jibi su ɗauki zango, mu tashi ba mu da komai sai aro. Ai maganin abin shi ne a dawo da ita wurin aikinta. Kuma muna cewa jagoran mahajjata muna nufin littafi, ba wanda ya ruɗe.

Bazazzagi:
To ai ga ta nan, Baba, kun faɗa da bakinku: *jagora*. Jagoran teku.

Tsohon Hedimasta:
Jagora ta yi laushi. Kowace takardar makaranta jagora ce, har sandar makaho. Jagaba tana ɗauke da ƙurar hanya.

Ɗan Damagaram:
Ni daga wannan gefen nake kallonku. Faransawa *routier* suke ce wa littafin; na Pierre Garcie shi ne sananne, kuma daga nan Ingilishi suka samo tasu. Amma a nan in ka ce rutiye, direban babbar mota za a nuna maka. Abin da nake so in faɗa shi ne, duk lokacin da aka zo ƙirƙirar kalma sai a yanke a Kano a aiko mana kamar ba mu da baki. Tun 2025 Hausa ce harshen ƙasa a Nijar, mu ma muna rubuta littattafan makaranta. A gunmu jagaba ba ta da wata siyasa. Ina bayan Baba.

Ɗan Fagge:
Daidaitacciyar Hausa dai ta Kano ce, ko an so ko an ƙi. Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero na 2006 a nan aka yi shi.

Ɗan Damagaram:
Ƙamus tattara abin da mutane suke faɗa yake yi, ba shi yake haifar harshe ba. Je ka zauna kasuwar Dole yini ɗaya ka ji kalmomin da kuka daɗe da yarwa.

Ɗan Fagge:
Ni ma abin da ban gane ba, me ya haɗa Bahaushe da teku? Mu mutanen tudu ne. A bar wa masu abu sunansu, a ce rahmani, a yi bayani sau ɗaya, a wuce.

Jikan Mahajjata:
Ɗan'uwa, wannan maganar ta taɓa ni. Ni a Sudan aka haife ni. Kakannina da ƙafa suka taso daga ƙasar Hausa, suka yi shekaru a hanya, suka shiga sambuk a Sawakin suka ƙetare Bahar Maliya zuwa Jidda. Kakata har ta rasu tana ba da labarin mutumin da yake tsaye a goshin jirgi yana leƙen launin ruwa, yana daga wa mai tuƙi hannu, saboda duwatsun murjani da suke yanka cikin jirgi kamar wuƙa. Bahar Maliyan nan ita ce babi na 12, na ƙarshe, a Fawa'id, kuma mahaifin Ibn Majid ma ya yi mata waƙa guda. Kada ka ce ba ruwanmu da teku. Rayukan iyayenmu sun rataya a kan ilimin nan.

Ni *kundi* nake goyon baya. Kundi abu ne da malami yake gada wurin mahaifinsa, ya ƙara nasa a gefen shafi, ya ɗaure cikin gafaka, ba kowa yake nuna wa ba. Haka littattafan nan suke. Tun ƙarni na 10 al-Muƙaddasi, masanin labarin ƙasa, ya ce ya ga masu jirgi da daftarori da suke nazari suna dogara da su. Ibn Majid kansa ya ambaci magabata uku da ya kira zakuna, ya ce shi ne na huɗunsu, kuma ya gyara musu kurakurai da abin da ya gani da idonsa.

Malamar Labarin Ƙasa:
Wannan ita ce hujjar da ta fi ƙarfi zuwa yanzu. Kundin hanyar teku. Kuma ta yi daidai da Farisancin, littafin hanya. Za ta ɗauki na Girkawa ma, irin *Periplus* na ƙarni na 1 da wani ɗan kasuwa daga Masar ya rubuta, mai lissafa tashoshi daga Bahar Maliya har gaɓar Indiya. Abin da yake burge ni, shi da Ibn Majid, da shekara fiye da 1,300 a tsakaninsu, alama ɗaya suka ba mai jirgi cewa ya kusa Indiya: macizan ruwa suna yawo a saman teku.

Tsohon Hedimasta:
Kundi! Mai sauraro a ƙauye in ya ji kundi, laya da rubutun sha zai tuna. Ɗan boko kuma ya tuna kundin digiri ko na tsarin mulki. Kalma uku kuka jera inda tawa biyu ce, kuma ita ta ce gajeriya take so. Na lura duk abin da dattijo ya kawo sai an nemo masa aibi.

Mai Shirin Tarihi:
Wallahi Baba ba haka ba ne. Tun jiya da dare nake karanta rubutun da murya, sau ɗaya da taku, sau ɗaya da kundi. Ga jimlar da take ba ni wahala: "Mu'allim ya buɗe jagaban ruwansa ya duba." Kunne yana tuntuɓe a nan, don ba a buɗe jagaba. "Ya buɗe kundinsa" kuwa ta wuce sumul.

Bazazzagi:
Tunda ana maganar mu'allim, ba Ibn Majid ne ya nuna wa Vasco da Gama na Fotugal hanyar Indiya ba? Ki sa wannan, zai ja hankali.

Jikan Mahajjata:
Kar ki sa shi a matsayin tabbas, Yaya. Wanda ya kawo zancen Ƙuɗbuddin an-Nahrawali ne na Makka, shekaru da dama bayan abin ya faru. Marubutan Fotugal sun ce wanda aka ɗauka a Malindi, gaɓar Kenya ta yau, a 1498 ya kai su Kalikut ta Indiya, mutumin Gujarat ne, kuma yawancin masu bincike sun wanke Ibn Majid. Abin da zai amfane ki a ciki shi ne sun rubuta laƙabin mutumin *Malemo*, wato mu'allim. Kalmar da ta ba mu *malam* ke nan.

Malamar Labarin Ƙasa:
To ashe *malamin jirgi* na nan a shirye. Malami da kundinsa, sun ma dace.

Ɗan Damagaram:
Malamin jirgi zai yi kama da mai yanka tikiti, kamar malamin asibiti ko malamin haraji. Nan ne wurin jagaba, in dai adalci za a yi.

Mai Shirin Tarihi:
Kafin in rufe, ga abin da na riga na samu sauƙinsa, ko zai yi wa wani amfani. Zurfin ruwa da igiya mai dalma a baki suke aunawa, ma'aunin kuwa buɗin hannu biyu ne. Wannan *gaba* ce, irin ta masu haƙar rijiya, ban ma sha wahala ba. *Isba'* yatsa ne: mai jirgi ya miƙa ɗan allon katako mai igiya a tsakiya, ya ciji ƙullin igiyar da haƙori, ya daidaita gindin allon da inda sama ta haɗu da ruwa, bakinsa na sama kuma da tauraron arewa, ya ƙirga yatsu. Kowane yatsa ya ɗan haura digiri ɗaya da rabi. *Zam* tafiyar awa 3 ce, takwas a yini da kwana. Na bar ta yadda take. Surayya kuma na ce Kaza da 'Ya'yanta, domin tana cikin taurarin da suka raba da'irar kamfas gida 32 da sunayensu.

Ga abin da na tsayar. Zan faɗi rahmani sau ɗaya tak, da bayanin asalinsa. Littafin: *kundin hanyar teku* a karon farko, daga nan *kundin* kawai. Mutumin: *jagaban jirgi*, da labarin ayarin Gwanja kamar yadda Baba ya kawo shi.

Tsohon Hedimasta:
An ba ni rabi an riƙe rabi. Na karɓa don lokaci ya ƙure miki, 'yata, ba don na gamsu ba. A littafin da nake rubuta wa 'yan firamare jagaban ruwa zan sa, kuma za mu ga wadda za ta rayu. Ki faɗi kalmar da kyau, ki ja wasalin farko.

Ɗan Fagge:
Ni har yanzu ina ganin da an bar rahmani.

Mai Shirin Tarihi:
An ɗauka yau da safe, alhamdu lillahi. Shugaban sashe ya bar kundin yadda yake, amma ya ce jagaban jirgi sau biyu ya isa, sauran wuraren na koma mu'allim. Za a sa ranar Asabar bayan labaran ƙarfe 8.

Malamar Labarin Ƙasa:
Allah ya sa albarka. Ɗan allon nan mai igiya fa, da ake ce wa *kamal*, me kika kira shi? Ina da darasi a kansa ranar Litinin da 'yan aji biyu, kuma na riga na sa kafinta ya yanko mini guda goma.